Sarƙar Alfarma: Sharhi Kan Finafinan Cristian Mungiu

A watan Mayun 2007, a bikin baje kolin finafinai na Cannes karo na 60 a ƙasar Faransa, alƙalai suka miƙa babbar lambar bikin, wato Palme d'Or, ga wani fim daga ƙasar Romaniya. Babu fitaccen jarumi ko ɗaya a cikinsa, babu kiɗan da aka ɗora don motsa zuciya, kuma labarin duka bai wuce na yini ɗaya da dare ɗaya ba. Sunansa da Romaniyanci *4 luni, 3 săptămâni și 2 zile*, ma'ana Wata 4, Mako 3 da Kwana 2. Wanda ya rubuta shi kuma ya ba da umarni, Cristian Mungiu, shekararsa 39 a lokacin, kuma wannan ne dogon fim ɗinsa na biyu. Kafin ranar, babu wani dogon fim na Romaniya da ya taɓa ɗaukar wannan lamba.

Tun daga nan masu sharhi suka saba liƙa wa kowane fim nasa lamba a goshi. Wannan na zubar da ciki ne, wancan na addini, na gaba na cin hanci, na bayansa na ƙyamar baƙi. Ba ƙarya suka yi ba, sai dai sun tsaya a bakin ƙofa. A ganina, daga 2007 zuwa 2022 abu ɗaya Mungiu yake ta jujjuyawa, shi ne alfarma: ɗan taimakon nan da mutum yake nema wajen wanda ya sani idan hukuma ta gaza masa ko doka ta toshe masa hanya. Tambayarsa ita ce, a wane mataki ne taimakon yake rikiɗewa ya zama cuta, kuma wa za a kama da laifi idan kowa a cikin sarƙar yana ganin alheri ya yi?

Ɗan doka ta 770

An haifi Mungiu ranar 27 ga Afrilu, 1968, a birnin Iași da ke arewa maso gabashin Romaniya. Shekarar haihuwar tasa tana da muhimmanci. A 1965 Nicolae Ceaușescu ya karɓi ragamar jam'iyyar kwaminis ta ƙasar, a 1966 kuma gwamnatinsa ta kafa doka mai lamba 770 wadda ta haramta zubar da ciki in ban da a wasu 'yan lalurori, domin a ƙara yawan jama'a. A shekarar da ta biyo baya haihuwa ta kusa ninkawa. Har suna aka raɗa wa yaran wannan zamani, *decreței*, wato 'ya'yan doka, kuma Mungiu yana cikinsu. Dokar ta zauna har faɗuwar Ceaușescu a Disambar 1989. Kiyasin da aka fi ambato ya nuna mata kusan 10,000 ne suka mutu a tsawon waɗannan shekaru sanadin zubar da ciki a ɓoye.

Adabin Ingilishi ya fara karanta a jami'ar garinsu, ya yi koyarwa, ya yi aikin jarida, sannan ya koma makarantar koyon fim da ke Bukarest, babban birnin ƙasar, ya gama a 1998. Yayarsa, Alina Mungiu-Pippidi, sananniyar masaniya ce a fagen binciken cin hanci da shugabanci. Ita da alƙaluma take bin diddigin matsalar, shi kuma da kyamara. Dogon fim ɗinsa na farko, *Occident*, ya fito a 2002, labarin matasa ne masu mafarkin ficewa zuwa Yammacin Turai, kuma akwai barkwanci sosai a cikinsa. A 2003 ya kafa kamfanin Mobra Films tare da abokansa, ciki har da mai ɗaukar hoto Oleg Mutu.

Ba shi kaɗai ya taso ba. A 2005 Cristi Puiu ya ci lamba a Cannes da fim ɗinsa kan wani tsoho, Lăzărescu, da motar asibiti ta kwana tana yawo da shi daga wannan asibiti zuwa wancan. A 2006 Corneliu Porumboiu ya ci lambar sabon darakta a can. Waɗannan matasa sun gaji ƙasar da gidajen sinima suka rurrufe, kuɗin shirya fim kuma ya yi ƙaranci, sai suka mayar da rashin ya zama salo: kyamara a kafaɗa, hasken da ke wurin, doguwar ɗauka ba yankewa. Don haka ba Mungiu ne ya ƙirƙiro salon ba. Abin da ya ƙara masa shi ne ginin labari mai ɗaure ƙirji, irin na finafinan fargaba.

Yini ɗaya a 1987

Labarin *Wata 4* mai sauƙin faɗa ne. Ɗalibai biyu ne a ɗaki ɗaya a jami'a, Otilia da Găbița. Găbița ta yi ciki, ta shirya zubarwa a ɓoye, Otilia kuma ita ce mai zirga-zirgar. Abin lura shi ne, kyamara ba ta bin mai cikin, ƙawar take bi. Tun a mintunan farko muna ganin yadda rayuwa take tafiya a ɗakunan kwanan ɗaliban: sabulu, taba sigari ta Kent, kayan kwalliya, duk a bayan fage ake saye. Kwalin Kent shi ne na goron da ke buɗe ƙofa. Mai karɓar baƙi a otel tana iya cewa babu ɗaki don ta ga dama, mai duba tikitin mota yana iya kama ka, kowa yana riƙe da ɗan ƙaramin iko yana jiran a roƙe shi. Ba a nuna Ceaușescu ba, ba a yi lacca kan mulkin kama-karya ba. A bakin kantar otel ake ganin mulkin.

Sai ga mutumin da zai yi aikin, Bebe, wanda Vlad Ivanov ya fito a matsayinsa. Bai zo da kamannin mugu ba. Magana yake yi a natse, kamar bakanike yana lissafa abin da ya lalace a mota. Ya gano Găbița ta yi masa ƙarya kan watannin cikin, ya tuna musu shekarun ɗaurin da ke jiransa idan aka kama shi, ya nuna kuɗinsu bai kai ba, a ƙarshe ya nemi su biya da jikinsu, su biyun. Abin da ya sa wannan fitowa take da nauyi shi ne, shi a ransa alfarma yake yi musu, kuma yana jin haushin ba a gode masa ba.

Fitowar da aka fi tunawa da ita ba ta da jini ko kaɗan. Otilia ta bar ƙawarta kwance a otel, ta tafi liyafar zagayowar ranar haihuwar mahaifiyar saurayinta domin ta yi alkawari. Aka zaunar da ita a tsakiyar teburi, manya suna ci suna sha, suna hirar girki da ta matasan zamani da suka lalace, suna yi wa 'yan ƙauye irinta shaguɓe. Kyamara ta kafe a wuri ɗaya na tsawon mintuna, ba ta motsa ba. Jaruma Anamaria Marinca kusan ba ta ce komai ba. Waya tana ƙara a can ciki, mai kallo ya san abin da ke ranta, mutanen teburin ba su sani ba. Da an yanka hoton an koma otel, da mun sami sauƙi. Mungiu ya hana mu wannan sauƙin, ya zaunar da mu a kujerarta.

A nan ne ake gane cewa doguwar ɗauka a wajensa ba burga ba ce. Duk lokacin da darakta ya yanka hoto, ya zaɓar maka abin da za ka kalla ke nan, duk lokacin da ya ɗora kiɗa, ya faɗa maka abin da za ka ji. Shi ya ƙi yin duka biyun, sai nauyin hukunci ya dawo wuyan mai kallo. Har ɗan tayin ya nuna a ƙasan banɗaki, kyamara ta daɗe a kansa. Masu adawa da zubar da ciki sun sami abin riƙewa a wannan hoto, masu ganin dokar ce ta jefa mata cikin halaka su ma sun sami nasu a sauran fim ɗin, kuma babu ɓangaren da ya fita yana jin an ba shi gaskiya duka. Fim ɗin ya ƙare a ɗakin cin abinci na otel, ana biki a gefe, ƙawayen biyu sun yanke shawarar ba za su sake tayar da maganar ba har abada, sai Otilia ta juyo ta kalli kyamara.

Bayan nasarar Cannes, Mungiu ya ɗauki na'urar haska fim a mota ya zaga garuruwan Romaniya da ba su da sinima, domin mutanen da labarin ya shafa su gani. A Amurka kuwa fim ɗin bai ko shiga jerin farko na masu neman Oscar ba, abin da ya jawo surutu har aka sake fasalin yadda ake tantance finafinan ƙasashen waje.

Alherin da ya yi kisa

A 2005 wata budurwa 'yar shekara 23 ta mutu a wani gidan zuhudu na ɗarikar Otodoks a ƙauyen Tanacu, bayan an ɗaure ta ana yi mata addu'ar korar aljanu. Kotu ta ɗaure limamin cocin da mata huɗu masu zuhudu. 'Yar jarida Tatiana Niculescu Bran ta rubuta littattafai kan lamarin, daga cikinsu Mungiu ya tsamo *După dealuri*, wato Bayan Tuddai, a 2012. Fim ɗin ya ci lambar rubutun labari a Cannes, jarumansa biyu, Cosmina Stratan da Cristina Flutur, suka raba lambar jaruma.

Hanya mafi sauƙi ita ce a mayar da limamin dodo, 'yan kallon Turai su tafa. Mungiu bai bi ta nan ba. Alina ta dawo daga Jamus don ta tafi da Voichița, wadda suka tashi tare a gidan marayu, ta tarar ta shiga zuhudu ba ta son fita. Da hankalin Alina ya gushe, asibiti aka fara kai ta. Asibitin ne ya rubuta magani ya sallame ta, ya ce ta je ta huta a gidan ibada. Iyalin da suka taɓa riƙon ta sun riga sun ba wata yarinya ɗakinta. Limamin bai so ta zauna ba, roƙonsa aka yi, ya amince don ba ta da wurin zuwa. Matan da suka ɗaure ta a jikin katako suna kuka suna yi, sun yi imani ceton ta suke yi.

Fim ɗin bai wanke su ba. Jahilci da taurin kai sun kashe yarinya, kuma mun gani da idonmu. Amma ya ƙi yarda a tattara laifin a kan mutum biyar don sauran jama'a su kwana da daɗi. Su ne kaɗai suka karɓe ta lokacin da kowa ya tura ta gaba, kuma su ne suka kashe ta. Hoton ƙarshe a cikin motar 'yan sanda aka ɗauke shi: waɗanda ake tuhuma suna zaune a baya, 'yan sanda suna hirar duniya, wata mota ta wuce ta watso taɓo a gilashin gaba, waifa ta shafa, gilashin bai fita tas ba.

Likita mai gaskiya

*Bacalaureat*, wanda aka saka wa sunan jarrabawar gama sakandare ta ƙasar, ya fito a 2016, ya kawo masa lambar darakta a Cannes, wadda ya raba da Bafaranshe Olivier Assayas. A nan ne maganar alfarma ta fito fili ƙarara. Romeo likita ne da aka sani ba ya karɓar na goro. Shi da matarsa sun dawo gida a 1991 da fatan ƙasa za ta gyaru, yanzu yana ganin sun yi asarar rayuwarsu, burinsa ɗaya 'yarsa Eliza ta fita. Ta sami gurbin karatu a Birtaniya, da sharaɗin ta ci maki 9 cikin 10 a jarrabawa. Ana gobe za a fara, wani ya far mata a hanya, ta ji rauni a hannu, hankalinta ya tashi.

Dubi yadda sarƙar take ƙulluwa. Shugaban 'yan sanda abokin Romeo ne tun ƙuruciya. Ya san mataimakin magajin gari, Bulai, wanda yake jiran dashen hanta kuma yana son a matso da sunansa gaba a layi. Shi kuma Bulai ya taɓa yi wa shugaban kwamitin jarrabawa alheri. Ba wanda ya ce a ba shi ko sisi. Kowa cewa yake mutane ai sai da taimakon juna. Abin da ya rage kawai shi ne Eliza ta yi wata 'yar alama a takardarta don mai maki ya gane ta. Wato uban da ya raine ta a kan gaskiya, shi ne zai zaunar da ita ya koya mata maguɗi, domin ta tsere daga ƙasar da maguɗi ya lalata.

Ƙarfin fim ɗin shi ne hujjar Romeo tana da kyau. An zalunci yarinyar, ta cancanci makin, kuma hukumar jarrabawa ba ta da tanadin tausayi. Duk mai ɗa zai ji a jikinsa. Sai dai akwai mutum ɗaya da ba a taɓa nuna fuskarsa ba, shi ne mara lafiyar da za a tsallake a layin dashen hanta. Alfarma kullum tana da wanda ya biya kuɗinta, kuma yawanci ba ya cikin ɗakin da aka ƙulla ta. Mungiu ya bar wannan mutum a ɓoye kamar yadda yake a ɓoye ga su Romeo, mai kallo ne zai tuno da shi da kansa, ko kuma ya manta shi kamar yadda suka manta.

Iyakar da'ira

A farkon 2020 mutanen garin Ditrău da ke yankin Transilbaniya suka tayar da ƙayar baya saboda wani gidan burodi ya ɗauki ma'aikata 'yan Siri Lanka. Daga nan *R.M.N.* na 2022 ya samo asali. Haruffan suna nufin na'urar asibiti mai ɗaukar hoton cikin jiki, kuma idan aka duba su ne baƙaƙen sunan ƙasar. Matthias ya baro aikin mayanka a Jamus bayan wani shugabansa ya zage shi da zagin ƙabila, ya dawo ƙauyensu inda Romaniyawa da 'yan asalin Hangari da 'yan tsirarun Jamusawa suke zaune tare. Matasan ƙauyen duk suna ci-rani a Yammacin Turai, albashin gidan burodin bai kai su dawo ba.

Zuciyar fim ɗin taron gari ne na kusan minti 17 a ɗauka ɗaya. Mutane da dama suna magana cikin harsuna daban-daban, wani yana cewa baƙin za su kawo cuta, wani ba ya son hannunsu ya taɓa burodinsa. A tsakiyar wannan shirme kuma sai wani ya faɗi gaskiya mai ɗaci: mai gidan burodin tana neman tallafin Tarayyar Turai alhali tana biyan mafi ƙarancin albashi. Mutanen da ake wulaƙanta 'ya'yansu a Jamus su ne suke wulaƙanta na wasu a gida. Wannan ita ce ɗaya fuskar alfarma: da'ira ce, tana da ciki tana da waje, wanda ba shi da kowa a ciki ko haƙƙinsa ba zai samu ba.

Inda ya gaza

Mungiu yana da rauni, kuma raunin yana fitowa ne duk lokacin da ya daina amincewa da abin da ya fi iyawa. A *Bacalaureat* an buɗe da jifa ta taga, ana ta maimaita irin wannan barazana ba a san mai yi ba. Dabara ce da ta yi kama da ta Michael Haneke a *Caché* na 2005, kuma fim ɗin ba ya bukatarta, domin abin da ke cin Romeo a zuci ya isa. Ƙarshen *R.M.N.* ya fi wannan muni. Bayan awa biyu na rayuwa tsagwaronta, sai ga beyar, manyan namun dajin yankin, sun fito cikin duhu a matsayin alama, mai kallo ya koma warware kacici-kacici maimakon ya zauna da abin da ya gani a taron gari.

Na biyu, ma'aikatan Siri Lanka da aka yi fim ɗin a kansu kusan ba mu san su ba. Masu haƙuri ne, masu ladabi, shi ke nan. Daraktan da ya ba Bebe da limamin Tanacu zurfi ya bar baƙin a matsayin madubin da 'yan gari suke kallon kansu a ciki. Na uku, wani lokaci ginin labarinsa yana yin tsauri har ka ji mutanen ba su da hanyar kuɓuta saboda marubuci ya riga ya toshe ko'ina. Ga kuma dariyar da ya ajiye. A *Amintiri din epoca de aur* na 2009, tarin gajerun labarai kan zamanin Ceaușescu da ya rubuta ya kuma shirya tare da wasu daraktoci huɗu, akwai jami'an jam'iyya da suka maƙale a lilo mai juyawa dare guda saboda kowa ya hau bisa umarni, har da mai kashe injin. Akwai ɗan sandan da aka kawo wa alade da rai, ya rasa yadda zai kashe shi a bene ba tare da maƙwabta sun ji ba, ya sa masa iskar gas. Wannan barkwanci ya faɗi abin da dogon jawabi ba zai faɗa ba, kuma manyan finafinansa na baya sun yi rashinsa.

Duk da haka, waɗannan kurakurai ba su taɓa ginshiƙin aikin ba. Mun saba auna fim da darasin da ya bari, a ga mugu ya gamu da sakayya, a tashi an san wanda za a la'anta. Mungiu yana hana mai kallo wannan hutun, domin mugun da za a iya nunawa da yatsa yana wanke sauran jama'a. Mutanensa suna son 'ya'yansu da ƙawayensu, suna cika alkawari, suna rama alheri, kuma ta wannan hanyar ce ɓarnar take shigowa.

Wanda bai taɓa kallon aikinsa ba, zai fi kyau ya fara da *Bacalaureat*, wanda ake samu da sunan *Graduation* a fassarar Turanci. Ba shi da hotuna masu tayar da hankali irin na *Wata 4*, kuma tambayarsa ta fi kusa da kowa. Sai dai a sani, ba fim ba ne da ake kallo ana latsa waya ana hira. Idan aka kai inda Romeo ya zauna gaban 'yarsa da dare yana bayyana mata yadda za ta yi wa takardar alama, mai karatu ya dakata ya lissafa sau nawa aka taɓa ɗaga waya saboda shi, kuma wa aka tsallake a layi ranar.